Hadi da Sunan Yayansa

Ranar Litinin, tara ga Agusta, 1976, Hadi mutumin Balan ya fara taka ofishin da ake ɗaukar malaman firamare a Gaya. A shekarar ne gwamnati ta ce kowane yaro sai ya shiga makaranta. Azuzuwa suka yi yawa, malamai suka yi kaɗan, duk wanda ya gama aji bakwai ana maraba da shi. Hadi ya shigo da babbar riga ta aro da biro uku a aljihun gaba, ya durƙusa wa akawu, ya ce sunansa Tukur.

Ba sunansa ba ne. Tukur yayansa ne, ɗan farin uwarsu Dada, wanda ya gama aji bakwai, ya shiga soja lokacin yaƙin basasa, aka daina jin ɗuriyarsa. Shi Hadi a aji uku ya tsaya, don ya ga haƙar gafiya ta fi lissafi daɗi. Noma kuwa, da ya sunkuya da fartanya sai ciwon baya ya tashi. Takardar shaidar Tukur tana cikin adakar Dada, a naɗe a tsumma, kuma takardun wancan zamani ba su da hoto.

Aka tura shi wata makarantar ƙauye a ƙasar Ajingi, inda ba wanda ya san shi. Can ya samu duniya. Da safe yara su yi waƙa, in sun gaji su yi shara, in sun gama sharar su koma waƙa. Ya rubuta Litinin da Turanci a kan allo, ta zauna a wurin har ƙarshen zango, saboda sauran ranakun ba su zauna masa a ka ba. Ya sayi keke. Iyayen yara suna aiko masa da gyaɗa da ƙwan zabi, a ce "Malam Tukur", ya amsa yana gyara hula.

Akwai wani Inuwa mutumin Kademi, wanda ya yi zaman benci ɗaya da Tukur na gaskiya. Shi ma ya nemi koyarwa, aka ce masa gurbi ya cika. Wata ranar kasuwar Ajingi ya ji ana kiran Malam Tukur na Balan, ya ruga da murna don ya ga tsohon abokinsa, sai ya yi kiciɓis da ƙanen.

"Kai, Hadi mai gafiya! Yaushe ka zama yayanka?" in ji Inuwa.

"Bawan Allah, ban san ka ba," in ji Hadi, ya hau kekensa.

Inuwa ya kai ƙara gaban alƙali a Gaya, ya ce an ba jahili gurbin da ya kamace shi, da sunan wani. Shari'a ta cije. Hedimastan da ya koyar da su ya rasu. Mutanen Balan da aka kira duk idonsu ya mutu a rana ɗaya: wannan ya ce 'yan gidan kama suke, wancan ya ce shi ba ya shiga tsakanin maƙwabta. Hadi ya ce hassada ce kawai. Da ya ja bakinsa ya yi shiru, da wataƙila har yau yara suna waƙa. Amma wayonsa ya ce masa babu shaidar da ta kai ta uwa. Ya koya wa Dada cewa in an tambaye ta ko shi ne na fari, ta ce i. Ya ɗauko ta a bayan keke har ƙofar kotu.

Dada tsohuwar Bafulatana ce. Alƙali ya ce, "Inna, yaya sunan ɗanki na fari?"

Ta ja mayafi ta rufe fuska, ta sunkuyar da kai. Ba wanda ya yi mamaki, don kowa ya san uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari, ba ta zama kusa da shi, ba ta haɗa ido da shi a gaban mutane.

"Na gane," in ji alƙali. "To wannan da ke gabanki, shi ne?"

"I."

Hadi ya juya ya harari Inuwa. Ita kuwa Dada, ganin ta sauke nauyinta, sai ta matso ta zauna gwiwa da gwiwa da shi a kan tabarma. Ta leƙa fuskarsa, ta sa bakin zane ta goge masa gumi.

"Dubi yadda ka rame. Tun safe ba ka sa komai a ciki ba. Ungo." Ta ɓara goro ta danƙa masa. "Ka mai da ni da wuri, shashasha, ban dama fura ba."

Wani a bayan kotu ya tuntsire da dariya.

"Inna," in ji alƙali, "a wajenku haka ake yi da ɗan fari?"

"Subhanallahi! Allah ya gafarta malam, ni da wancan ko tabarma ɗaya ba mu taɓa haɗawa ba. Wannan ai autana ne."

"Dada!" in ji Hadi.

"To mene ne? Ai na ce i ɗin da ka ce in ce."

Alƙali ya yanke masa wata shida a gidan yari, aka kuma sallame shi daga aiki. An ba Inuwa ajin a zangon da ya biyo baya. Da Hadi ya fito bai koma gona ba. Ya zama ɗan kamasho a tashar motar Gaya, yana kiran fasinjan Wudil da Kano, kuma a nan yake har ƙarshen 1979.