Sanarwar da ta riga goro isa Bawku

Shekarun baya, a wani ɗaki a zongon Bawku, unguwar Hausawa, mu biyar ne. Akwai tsohuwar da ɗanta ya rasu, zaune kan buzu da carbi a hannu. Akwai babban ɗanta, yayan mamacin, tsaye bakin ƙofa don ya ƙi zama. Akwai maƙwabciyarta da ke taya ta zaman makoki. Sai ɗana na fari, mai magana a rediyo a Salaga, durƙushe kansa ƙasa. Sai ni.

Ga abin da ya kai mu. A lokacin ɗan nawa bai daɗe da samun shiri nasa na kansa ba a gidan rediyon garinmu. Shirin safe ne da Hausa, mutane na bugo waya ana gardama kan kasuwar doya, da famfon da ya daina zuba, da ramukan hanyar Bimbilla. Ya kuma fara ɗaukar shirin yana sakawa a waya, abin da suke kira fodkas, har 'yan'uwanmu na Kumasi suna ji. Ni ban yi boko ba, ko sunana ban iya karantawa ba, amma kunnena bai taɓa cin amanata ba. Kullum rediyona na gefen murhu. In ya dawo sai in jera masa laifinsa: yau ka katse dattijo, yau ka yi dariya inda ba a dariya. Yabo kuwa ba na yi. Ɗan fari ne, ko sunansa bakina bai saba da shi ba.

Wata safiya maƙwabcinmu, dillalin doya, ya yanke jiki ya faɗi bayan sallar asuba, rai ya yi halinsa. Mutumin Bawku ne da ya daɗe cikinmu. Ina cikin waɗanda aka fara kira. Na dawo gida na tarar da ɗana yana shan koko a tsaye, zai fita aiki, na ce, "Wane ya rasu." Shi ke nan abin da na ce. Ni da ke lura da gishirin miyar kowa a unguwa, ban ƙara masa da cewa ya kama bakinsa ba.

To a wajenmu, in mutum ya rasu uwarsa na raye a wani gari, ba a buga mata waya. Jana'iza ba ta jira, amma labari zuwa ga uwa da ƙafa yake tafiya. Ana tura maza biyu da goro, su nemi dattijuwa ta zauna kusa da ita, a ba ta ruwa ta sha, sannan a faɗa mata a hankali. Haka aka yi. Mutum biyu suka kama hanya, suka tsaya Yendi suka ɗauki yayan mamacin da ke fataucin shanu a can.

Suna tashar Yendi suna jiran mota ta cika, ɗana ya riga ya faɗa a rediyo, ya kuma saka a waya. Wata mai albasa a kasuwar Bawku ta ji, ta ruga gidan tsohuwar da wayarta a hannu tana kuka tana "Mma, sai haƙuri." Tsohuwa na tsintar shinkafa. Sai da aka yayyafa mata ruwa ta farfaɗo.

Yayan mamacin ya buga wa mai gidan rediyon, ya ce in aka sake jin muryar yaron nan, da dattawan zongo uku zai zo. Mai gidan rediyo ya ce wa ɗana ya zauna gida, kuma bai ce zuwa yaushe ba. Ɗana ya dawo yana ce mini, "Mma, ai labari ne, aikina ke nan. In ban faɗa ba wani zai faɗa."

Na ce, "Wanin uwarsa daban. Tashi ka sayo goro, fari, kada ka kawo mini mai tsutsa."

Ranar uku da rasuwar muka isa Bawku, wajen la'asar, ƙashina duk ya kwance da hanya. Na ajiye goron, na yi ta'aziyya, sannan na yi abin da uwa ba ta yi wa ɗan fari a gaban mutane, na yi magana a kansa. Na ce, "Hajiya, maganar daga bakina ta fita. Shi ya kai ta kasuwa, amma ni na ba shi ita ba murfi."

Yayan ya ce daga bakin ƙofa, "Mma, ke ba ki da makirufo. Shi ke da shi."

Tsohuwar ta ɗaga masa hannu. Ta dubi ɗana ta ce, "Kai ne mai muryar? Matso. Faɗa mini yadda ka faɗa ranar, da muryar nan taka ta rediyo."

Mutumin da ke magana awa biyu ba ya shan ruwa, ya matso ya ƙara sunkuyar da kai.

Ta ce, "To ni zan faɗa maka, don na sa an kunna mini sau huɗu. Ka faɗi sunansa daidai. Ka ce bai taɓa cin amanar manomi ba, na gode, gaskiya ce. Ka ce ya bar mata da 'ya'ya biyar. Ka yi wa 'yan kasuwar doya ta'aziyya, har shugabansu ka ambata. Ina ta sauraro, ina cewa yanzu zai ce ya bar uwa. Ka gama, ka sa talla."

Maƙwabciyar ta rufe fuska da mayafi. Ɗana ya ce, "Hajiya, ban san kina raye ba."

Ta ce, "Ka tambaya?"

Ya ce, "A'a."

Ta juya ga babban ɗanta. "Ka ce a cire shi? In an cire shi wa zai gyara? Wani za su kawo da bai taɓa durƙusawa gaban uwar kowa ba. Ya koma bakin aikinsa. Ranar sadakar bakwai ya faɗa wa Salaga cewa ɗana yana da uwa a Bawku." Yayan ya dubi goron, sannan ya ciro wayarsa ya fita tsakar gida. Muna jinsa yana gaisawa da mai gidan rediyon.

Yau ɗana ya yi furfura a aikin. Shirinsa na waya har waɗanda ke ƙasashen Turawa na ji, kuma yara masu koyon aiki na bin bayansa. Duk wanda ya kawo masa sanarwar rasuwa, ko waye shi, tambaya ɗaya yake fara yi: uwa na raye, kuma an je an gaya mata? In an yi inda-inda, takardar na nan kan tebur har gobe. Wasu na cewa shirinsa na makara da labarin mutuwa. Su ce. Ni abin da ya rage mini shi ne na daina ɗaukar kaina mai ido a kan kowa, tunda ranar da ya fi kamata in lura, bakina ne ya riga hankalina. Har yanzu ina jera masa laifi in ya zo gaishe ni, sai dai nakan fara da tambayar kaina me na faɗa a gabansa.

Washegarin wannan zama na Bawku, da safe na raka shi tasha, na sa shi a motar Yendi shi kaɗai, na ce wa direba kada ya bari ya yi hira da kowa. Na koma gidan, na ɗaura zani, na share tsakar gida, na hura wuta na dama koko. Na kai wa tsohuwar a kwano. Ta ɗago ta ce, "Ba ki tafi ba?"

Na ce, "Sai an yi bakwai."

Ta kurɓa, ta yamutsa fuska, ta ce, "To gobe ki rage barkono. Ku mutanen Salaga hannunku da nauyi." Ta shanye shi tas.