Ranar da Kaka Modu Ta Kira Sunan Mamata

A littafin coci sunanta Henrietta Modupeh Thorpe, amma duk ƙauyenmu Gloucester Kaka Modu ake ce mata. Ita ta haifi babana. A gidan katakon da aka haife ta, a nan ta tsufa, kan dutsen da ke kallon Freetown. Shekara arba'in ta yi tana wa mutanen birni wanki da guga, ta hauro da ƙunshin kaya a ka ran Litinin, ta sauka da su ran Juma'a. Da gwiwa ta gaza, sai ta koma gasa burodin shinkafa da haɗa lemon citta a bakin ƙofa.

Babban aikinta kuwa kiran sunaye ne. Duk ranar awujo, ranar da muke dafa wa mamatanmu abinci, ita ke durƙusawa bakin ramin da aka haƙa a bayan gida, ta zuba ruwan sanyi, ta kira su ɗaya bayan ɗaya ta ba su labarin gida. Wanda ba ta kira ba, ba namu ba ne.

Mamata, Yeabu, 'yar ƙabilar Temne ce daga Port Loko, ba Kiriyo ba ce irinmu. Shekara ashirin da biyu ta zauna a gidan nan, Kaka ba ta taɓa kiran ta da suna ba, sai "matar Abioseh", sunan babana ke nan. Ba faɗa suke yi ba. Kaka dai ta ce barkononta ya yi yawa, Mama ta yi dariya ta ci gaba da matsa mata gwiwa. Da ta rasu bara, danginta suka tafi da ita garinsu suka binne ta a musulunce.

Bana Baffa Eku, ƙanen babana, ya dawo daga aikin jirgin ruwa lafiya, aka sa ranar awujo. Kwana uku ina son in tambayi Kaka ko za ta kira Mama, bakina ya ƙi buɗuwa.

Da hantsi aka sauke wake da manja, ga ƙosai, ga soyayyar ayaba. Ungulaye suka jeru a kan kwanon rufi, a wurinmu alama ce mamata sun zo.

"Mutanenki sun iso, Mama," in ji Baffa Eku. "Wancan mai sanƙon, Baba ne sak."

"Rufe min baki, ɗan nema. Har ya mutu ubanka ya fi ka gashi."

Muka kama ta ta durƙusa. Ta fara da Mami Sally, tushen gidanmu, wadda aka sauko da ita daga jirgin bayi da tsage a kumatu, ba wanda ya san garinsu. Ta bi 'ya'ya da jikoki har ta zo kan mijinta, ta gaya masa rufin ɗaki na yoyo, 'ya'yansa kuma sun zuba ido. Na haddace jerin, na san nan ne ƙarshe. Babana ya sunkuyar da kai.

Kaka ta miƙa hannu a ba ta goro, sai kuma ta fasa, ta sake ɗaukar kofin ruwan.

"Yeabu," ta ce. "Ni ce. Ga ruwan sanyi. 'Yarki Remi ta ci jarrabawa. Tun da kika tafi ba wanda ya iya gwiwar nan, murɗa ni kawai suke yi."

Ban san ina kuka ba sai da na ji gishiri a bakina.

Ta ɓare goro biyu, fari da ja, ta watsa ɓarin huɗu. In biyu sun kalli sama biyu sun kifa, mamaci ya karɓa. Duka huɗun suka kifa.

"Fushi take, Mama," in ji Baffa, wannan karon a hankali.

"Na sani. Ko ni ce, sai na yi."

Ta sake watsawa. Uku a kife. Ta daɗe tana kallon su, sannan ta juyo gare ni.

"Remi, a garinsu yaya ake gaida mutum da safe?"

Na faɗa mata. Ta maimaita, harshenta na tuntuɓe.

"Kai, Mama! Wannan Temne ɗin ko akuya ba za ta amsa ba," in ji Baffa.

"Ba da akuya nake ba, da surukata nake."

Ta sake gaishe ta, da ƙarfi, ta watsa. Biyu sama, biyu ƙasa. Babana ya zauna daɓas a kan turmi, ya rufe fuska da hularsa.

Na kama hannun Kaka zan ɗaga ta, ta ƙi tashi.

"Tsaya tukuna. Uwarta marigayiya fa, wa sunanta? Ba na bar yarinya ita kaɗai cikin baƙi ba."

"Ya Digba," na ce.

Ta karkata kofin, sauran ruwan ya zuba a ramin, ta kira ta.