Fim ɗin Sweden da ya yi magana da bakin Baba Tanko

Wata Alhamis cikin ranin 1986, bayan sallar Magariba, a wani ƙauye kusa da Bunkure. Ban daɗe da gama jami'a ba, aka tura ni da majigi in nuna wa manoma yadda ake ban ruwan tumatir. Aikina na farko ke nan, kuma dagaci na zaune a gaba.

Ina kunnawa, sai ga Turawa, mace da namiji, da keken doki cikin dusar ƙanƙara, babu sauti ko kaɗan. Ashe wani tsohon fim ne aka sa bisa kuskure cikin gwangwanin fim ɗin tumatir. Jama'a suka fara gunaguni.

Sai Baba Tanko mai albasa ya miƙe.

"Malam, bebaye ne?"

"Baba, lokacin da aka yi shi, fim bai fara magana ba."

"To zauna, ni zan yi musu maganar. Jama'a, farin nan taki ne, matar ke faɗa don mijin ya zuba da yawa!"

Haka ya yi muryar kowa har ƙarshe, fuskokinsu na ba shi abin faɗa. Dagaci ya yi dariya har da hawaye, ya ce in dawo da na tumatir mako mai zuwa.

Allah ya jiƙan Baba Tanko. Ina kuma gode wa wanda ya shirya fim ɗin.

A jikin faifan na karanta "Sweden" kawai. Har yau ban san sunan mutumin ba, ko fim nawa ya yi, ko ya ci gaba bayan zuwan sauti, ko abin da matar ke faɗa. Wanda ya sani ya taimaka mini.