Don Fulgencio da Jikarsa Yaiza

Shekara talatin da ɗaya Don Fulgencio Arrieta ya yi yana koyar da lissafi a garinmu na bakin kogin Magdalena. Ni ma ya koyar da ni, kuma yanzu katanga ɗaya ce tsakanin gidana da nasa. Da ya ajiye aiki, matarsa ta riga ta rasu, 'yarsa tilo Nubia kuma ta tafi Sifen aikin jinyar tsofaffi. A can ta haifi Yaiza. A hoto kawai ya san yarinyar.

Gaisuwarsu a waya ba ta wuce minti ɗaya. "Kaka, ina wuni?" Sai ta miƙa wa uwarta.

Wata rana da hantsi ina shanya na ji wayarsa ta yi ƙara, ya ɗauka ya buɗe lasifika. Yaiza ce, tana da shekara goma sha uku a lokacin, muryarta kamar za ta yi kuka.

"Kaka, Mama ta ce kai malami ne. An ba mu 7x − 4 = 3x + 12. Ta ina zan kama? Ga x a nan, ga x a can!"

"To, 'yar birni, yau kin tuna da tsohon ƙauye? Kin taɓa ganin sikelin masu kifi?"

"A kanti muke saye, Kaka."

"Kin yi asara. Abin da kika ɗauke a hagu, ki ɗauke irinsa a dama, kada ya rinjaya. Ɗauke 3x."

Ta ɗauke, ta ce saura 4x − 4 = 12. Ya sa ta ƙara huɗu a kowane ɓangare, ta raba da huɗu, ta ƙwala ihu: "Huɗu ne!" Sai da ya sa ta mayar da huɗun cikin tambayar, ta ga ashirin da huɗu a hagu da dama.

Daga nan kullum take kira. Yakan yi wanka, ya sa farar riga, ya zauna a inuwar mangwaro da kofinsa yana jira. Na lura yana jan bayanin. Abin minti biyar sai ya kai rabin awa, da labarin ambaliya da na kakarta a tsakiya.

Na leƙa ta katanga na ce, "Don Fulgencio, mu da bulala ka koya mana wannan cikin kwana biyu."

"Eneida, ke dai ki ji da wankinki."

Wata uku aka yi haka. Yarinyar ta ci jarrabawa, ta kira ta yi godiya, kira ya koma na ranar Lahadi, wani makon ma babu. Bai yi ƙorafi ba. Ya ce ai yaro da ƙawayensa.

Bana, yana da shekara saba'in da tara, mutumin da bai taɓa hawa jirgin sama ba ya shiga mota har birnin Cartagena ya yi fasfo don ya je Sifen ya gan su. Nubia ta ce sai hunturu za ta samu hutu. Jiya ya kira ni, yana riƙe da wata tsohuwar rigar sanyi da ya aro wajen mai kemis, hannayenta sun yi masa gajarta.

"Eneida, kina ganin wannan za ta isa?"