Humrar Dela

Duk unguwar Kurayyat babu wanda bai san Dela mai humra ba. Kakanninta Hausawan Sudan ne, a wajensu ta gaji haɗa turaren amare. Ni maƙwabciyarta ce, ƙamshin gidanta har cikin tuwona yake shiga.

Akwai haɗi ɗaya da ba ta sayarwa, nata ne na jiki. Mijinta Rafi'u, direba a unguwar Ruwais, ya sha cewa ko an rufe masa ido a tsakiyar Harami zai gano ta da shi. To wannan Rafi'un, mara kunya, shi ne ya sake ta ta saƙon murya bayan shekara da shekaru, wai halas, an gama ke nan. Ko fuskarta bai iya kallo ba. Wallahi har yau in na tuna sai raina ya ɓaci. Ita kuwa ba sakin ne ya fi cin ta ba, sai jin da ta yi yana gaya wa mutane ya manta da ita kamar ba a yi ta ba.

Da aka sa bikinsa da wata mai suna Bayan a unguwar Safa, uwar amarya, da ba ta san kan zancen ba, ta aiko neman humra. Na ce wa Dela ta zuba musu barkono. Dariya kawai ta yi. Ta ɗura nata haɗin a kwalabe, ta turara kayan amarya da shi, tun daga labule har zanin gado. Bayan biki ta aika wa uwar Rafi'u kyautar haɗin, ta raba wa ƙannensa mata.

Ba a daɗe ba sai ga shi a ƙofarta, duk ya rame. Ya ce barci ya gagare shi, amarya na ta kuka don ya kira ta da sunan Dela, gidan uwarsa ma bai tsira ba. Ya roƙe ta ta canza musu haɗi.

"Ai ka manta da ni, Rafi'u," in ji ta. "Ƙamshi ne kawai. Yalla, kama hanya."

Na rangaɗa guɗa a tsakar gida. Sai da na rungume ta na lura babu ƙamshin komai a jikinta sai na sabulu. Tun ranar da ta ɗura kwalaben nan ba ta ƙara shafa shi ba, har yau.