Furar da Baba Ya Mayar

Kowa da abin da ba zai manta ba har ya koma ga Mahaliccinsa. Ni nawa a wani gidan tarihi ya same ni, can ƙasar Turawa, kuma abin dariyar shi ne ranar sai da aka kai ruwa rana da ni kafin na yarda na shiga.

Amma bari in faro daga gida. Mahaifinmu malami ne a Aujara. Tun muna yara zaurensa ba ya rabuwa da magidanta masu ɗaukar karatu bayan La'asar. A hannun damansa kullum akwai amininsa, wani Bafulatani mai shanu da muke kira Baffa. Tare suka tashi, a akushi ɗaya suke ci, kuma in dai ka ji Baba yana dariya har da tari, to Baffa ne ya tsokane shi.

A zamanin soja, wata rana ana cikin karatu Baba ya yi magana a kan shugaban da ke cin amanar talakawa, ya kawo misali da takin zamani da aka karkatar a shekarar. Ba a daɗe ba wasu mutane cikin farin kaya suka zo da mota suka tafi da shi, tare da wasu daga cikin masu zama a zauren. Baffa kuwa, da yake manne da shi kullum, ko kallonsa ba su yi ba. Ƙarin abin, ran kasuwa aka ga motar nan ta tsaya kusa da Baffa, ɗaya daga cikinsu ya leƙo ya gaishe shi da fara'a. Kun san garinmu, kafin Magariba magana ta gama zagaye kowane gida.

Baba ya yi watanni kafin a sako shi. Ya dawo a rame, ba ya son hayaniya. A al'ada mutum in ya kuɓuta daga irin wannan, gari ne ke cika gidansa da barka da arziki. Mu kuwa shiru, kowa na tsoron a ga ƙafarsa a ƙofarmu. Mutum ɗaya ne ya zo da rana tsaka, gaban kowa, yana janye da rago, matarsa na biye da ƙwaryar fura da nono: Baffa. Zuwan nan shi ya ƙarasa ɓata lamarin. Baba ya ce duk garin nan ba mai ƙarfin halin zuwa sai wanda ya san ba abin da zai same shi. Ya ƙi fitowa, ya sa aka mayar da rago, aka mayar da fura ko buɗe faifan ba a yi ba. Wanda ya san Hausa ya san mayar wa mutum abinci ya fi zagi ciwo. Daga ranar ba su ƙara zama inuwa ɗaya ba, shekara ashirin da ɗoriya, sai dai sallamar da addini ya wajabta in an yi kiciɓis a masallaci.

Ana nan ƙanena ya kammala karatunsa a wata ƙasar Turai, wadda a da aka raba da katanga, ya matsa sai Baba ya je bikin yaye su. Inna na fama da gwiwa, don haka ni aka ɗora wa rakiya, na ɗauki hutu daga makarantar da nake koyarwa a Dutse. Kafin mu tashi Baba ya zaga dangi da maƙwabta yana neman a yafe masa, kamar yadda mai doguwar tafiya ke yi. Gidan Baffa kaɗai ya tsallake, alhali a lokacin Baffa na kwance, ɓarin jikinsa ya shanye. Na yi masa magana, ya dube ni kallo ɗaya, na kama bakina.

Ana gobe za mu dawo, ni hankalina na kasuwa, tsarabar mutane ko rabi ban haɗa ba, sai ƙanena ya ce wai ya yanko mana tikitin zagaya gidan tarihin 'yan sandan ciki na tsohuwar gwamnatin ƙasar. Na ce kai dai boko ya gama da kai, a wannan sanyin da ke shiga har ƙashi za ka kai tsoho kallon tsofaffin ofisoshi? Kuma ka manta abin da irin mutanen nan suka yi masa? Sai Baba ya gyara hularsa ya ce shi yana son gani. Shi ke nan, muka kama hanya.

Wadda ta zagaya da mu wata tsohuwa ce gajeriya, gashinta fari fat, tana dogara sanda. Tana bayani da Turanci, ƙanena na juya wa Baba da Hausa a hankali. Wallahi na ga abin da ya fi ƙarfin kaina. Ga kyamara a cikin maɓallin riga, ga wata a cikin butar ban-ruwan fure. Ga injin da ke buɗe wasiƙun mutane da tururi a karanta a mayar a liƙe. Ga mota an yi mata fenti kamar ta masu kai burodi, ciki kuwa 'yan akurkin ɗaure mutane ne. Wanda ya fi tayar mini da tsikar jiki shi ne jerin kwalabe, kowacce da ƙyalle a ciki. Wai warin jikin mutum suke ɗauka daga kujerar da ya zauna su adana, don ranar da za su sa kare ya nemo shi. Baba ya leƙa ya ce wannan ko bokayen garinmu ba su kai nan ba. Na yi dariya, har na fara jin daɗin zuwan.

Sai muka shiga wani ɗan ɗaki, ba komai ciki sai tebur da kujeru biyu. A nan tsohuwar ta jingina da bango ta ce yanzu labarin kanta za ta ba mu. Tana budurwa, su 'yan kaɗan ne ke haɗuwa a ɗakin wata ƙawarta suna karanta littattafan da aka hana. Aka kwashe su duka, aka bar ƙawar. Bayan haka jami'an suka riƙa gaishe da ƙawar a bainar jama'a, har suka sa aka ƙara mata girma a wurin aiki. Da tsohuwar ta fito daga kurkuku, ƙawar ce ta fara zuwa da furanni, ita kuwa ta rufe mata ƙofa. Ta ce ashe dabara ce da ake koya wa jami'an a aji: a bar mutum ɗaya a waje da gangan, a shafa masa kashin kaji, sauran su gama da shi da kansu. Sai bayan gwamnatin ta faɗi aka buɗe takardu, ta gano na'ura ce aka dasa a bango, ƙawarta ba ta taɓa furta ko kalma ba. Lokacin kuwa ƙawar ta riga ta rasu.

Na lura ƙanena ya fara inda-inda wajen fassarar. Baba ya ce masa ya faɗa yadda ta faɗa, kada ya rage komai. Da ya gama, sai na ga Baba ya ratsa Turawan nan masu rataye da kyamarori, ya je gaban tsohuwar ya ɗan rusuna, ya haɗa hannuwansa.

"Ka ce mata ina yi mata ta'aziyyar ƙawarta. Ka ce ya ƙarin haƙuri."

Kunya ta kama ni, na ce a raina yau Baba ya mayar da gidan tarihi zaman makoki. Amma tsohuwar ta karɓi gaisuwar. Ta ce shekara da shekaru tana ba da labarin nan, ana yi mata tambayoyi, ana ɗaukar hotonta, ba wanda ya taɓa yi mata gaisuwar rashin. Baba ya sa a tambaye ta, da ba a buɗe takardun ba fa? Ta ce da har yau tana ƙin ƙawarta. Ta ce ta zauna jiran takarda ta wanke mutumin da ta sani tun suna yara, takardar kuma ta zo a makare.

"Mu a wurinmu ba wanda zai buɗe mana komai," in ji Baba. Ba da ita yake ba, ba kuma da mu ba.

Daga nan har muka hau jirgi bai ƙara wata doguwar magana ba, sai jan carbi. Tsarabar da ban ƙarasa saya ba kuwa ko tuna ta ban yi ba.

Mun kwana a gidana a Dutse, na so ya huta kwana biyu, ya ce atafau sai Aujara. Da muka shiga gari, ga mutane cike a ƙofar gidanmu ana jiran matafiya, Inna ta sa an yi girki. Baba ya ce wa direba ya wuce. Ban tambayi ina ba, na riga na gane gidan Baffa ya nufa, sai dai ban san ko mun makara ba, ban kuma san ko za a karɓe mu ba.

Mun tarar da Baffa kwance a kan tabarma a gindin darbejiya, ya zama ɗan ƙanƙani kamar ba shi ne mai kokawa da bijimi ba. Baba ya yi sallama, ya tuɓe takalmi, ya zauna a ƙasa dab da shi. Matar Baffa ta tsaya da muciya a hannu tana kallonmu.

"Na zo karɓar furata," Baba ya ce.

Baffa ya daɗe yana kallonsa. Bakinsa ya karkace, maganar da kyar take fita, amma duk mun ji.

"Malam, ai ta yi tsami."

Sai Baba ya fashe da dariyar nan tasa mai tari, wadda rabona da ji tun ina yarinya, hawaye na bin gemunsa. Ni kam kuka na yi sosai, ba na ɓoyewa. Matar Baffa ta dama sabuwa, Baba ya sha, ya riƙa ba Baffa da ludayi da hannunsa. Tun daga ranar kullum bayan La'asar yana can, har damina ta zagayo Allah ya karɓi ran Baffa. Baba ne ya yi masa wanka, shi ya sallace shi.

Bayan an share makoki, ni da bakina da ba ya shiru, na tambayi Baba ko ya taɓa tambayar Baffa gaskiyar abin da ya faru. Ya ce a'a. Na ce to idan shi ne fa? Ya ce, "Idan shi ne, shi da Allah. Idan ba shi ba ne, ni da Allah. Ni wanda ya shafe ni nake tsoro."

Har gobe ba mu san wanda ya kai maganar zauren nan ba, kuma na daina son sani. Mutanen nan watanni suka tsare Baba, amma zargin da suka bar masa ya raba shi da amininsa fiye da shekara ashirin, ba tare da sun ƙara ɗaga ko yatsa ba. Abin da na koya ke nan: in zato ya shiga tsakaninka da wanda ka sani tun kuna yara, kada ka zauna jiran hujja, don ba lallai ta tarar da ku duka a raye ba. Ka tashi ka je ka karɓi furarka tun mai ita yana iya amsa maka.