Ƙyallen Yaya a Kan Koren Zare

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, tara ga watan jiya, da hantsi, aka kira ni daga ɗakin karatun da kake aiki, Yaya. Aka ce kana kan tsani kana mayar da littattafai, ka sauko, ka zauna ka jingina da kanta, shi ke nan. Na ce to. Na kashe murhu, na nemi takalmina. Har yau ban yi kuka ba, ban kuma san dalili ba.

Tun muna yara kake da cutar jera kaya. Ka ƙago mana ƙasashen da babu su: Ƙasar Wuta, Ƙasar Ruwa, Ƙasar Matafiya, da Farar Ƙasa, inda ba a dawowa. Ka ce duk wani sani yana da mazauni a ɗayansu, kowace kuma da launin zarenta, wanda ya bi zare ba ya ɓata. Girki da faɗa suna Wuta, haƙuri da magani suna Ruwa. Lissafi kuwa ka tura shi Farar Ƙasa don haushin malaminsa. Muka yi ta maka dariya, muka sa maka Sarkin Kanta. Ashe ajiya kake yi, maganin wata rana.

Ranar ta zo da Mama ta fara mantuwa. Sai ta tsaya tsakiyar gida ta rasa inda ta nufa, ta riƙa kirana da sunan ƙanwarta da ta rasu. Likita ya ce sai haƙuri. Mu muka zauna muna share hawaye, kai ka tafi kasuwa ka sayo zaren saƙa. Ka ja shi a jikin bango daga gadonta: ja zuwa ɗakin girki, shuɗi zuwa banɗaki, kore zuwa ƙofar gida, fari zuwa tagarta. Kowannenmu ka yago ƙyalle daga tsohuwar rigarsa ka ɗaura. Masu fita su dawo suna kan kore. Baba da ƙanwarta, da suka riga mu gidan gaskiya, suna kan fari.

Kullum kafin ka tafi aiki sai ka riƙe hannunta ku bi bango.

"Mama, wace ƙasa muke?"

"Ta Matafiya."

"Su wa ke nan?"

Sai ta shafa ƙyalle ta ce, "Sarkin Kanta. Wannan kuma Auta, mai bakin tsiya."

Ta haka ka mayar mini da sunana a bakin uwata, ni da na fi kowa yi maka ba'a. Ba ka taɓa yi mata ƙarya ba. In ta tambayi Baba, farin zare kake kai ta, ka tsaya har ta gama addu'a. Kana cewa littafin da aka ajiye ba a wurinsa ba ya ɓata, ko da yana cikin ɗakin.

Ranar da aka kai ka makwancinka, an gaya wa Mama. Ta yi salati. Zuwa la'asar tana tambaya ko ka ci abinci. Matarka ta ce in mayar da ƙyallenka kan fari, ita hannunta ba zai iya ba. Na je na tsaya gabansa, guntun rigar aikinka ne, mai ruwan toka. In na mayar, kowace safiya Mama za ta rasa ɗanta sabo. In na bari, na ajiye ka inda ba wurinka ba. Na bari. Kullum ta shafa ta ce, "Ya tafi aiki," ni kuma in ce e.

Shekaranjiya na shiga kai mata shayi, na ga gurbinka a kan kore babu komai. A kan fari, kusa da na Baba, ga ƙyallenka da wani ƙaton ƙulli a karkace, irin na hannu mai rawa. Tana zaune bakin gado.

Ta ce, "Auta, matafiyi ba ya daɗewa haka. Na kai shi wurin ubansa."

Sannan ta tambaye ni ko na sa sukari. Na ce na sa.

Allah ya jiƙanka, Yaya. Ya yafe maka, ya haskaka makwancinka, ya sa yadda ka riƙe hannun uwarka a riƙe naka ranar da kowa ke neman hanya. Ina miƙa ta'aziyya ga matarka da 'ya'yanka da abokan aikinka, da kuma Mama, wadda ta riga ni yarda. Gobe da safe ni zan riƙe hannunta mu bi bango, har farin zaren. Allah ya ba mu haƙuri, in tamu ta zo ya sa mu cika da imani.